Tukwanen da Inna Ta Kife

Ranar da na fara gani, mijina yana tsugune a bakin rijiya yana wanke fuska, dawowarsa ke nan daga tafiyar kudu. Ya ɗago kai ya ce in miƙo masa tawul, sai hasken hantsi ya faɗa cikin idonsa. Farin idon ya koma ruwan ɗorawa.

Ni kuwa idon nan na aura. Tun ina 'yar makaranta nake karɓar hayar littattafan soyayya a kasuwar Tudun Wada, kuma a cikinsu duk saurayin kirki idonsa fari ne tas kamar madara. Da Habila ya fara tsayawa a ƙofar gidanmu, sai na ce a raina, to, ga nawa ya iso. Don haka ba wanda zai riga ni ganin canjin.

"Baban Murna, idonka fa."

"Me ya yi?"

"Ya yi rawaya."

"Rashin barci ne. Ke dai komai sai kin mai da shi labarin littafi."

Na yi dariya na bar maganar. Ina rubuta wannan ne don matar da za ta ga irin abin da na gani, kada ta yi dariya ta bar maganar.

Mu Kiristoci ne, a wani ɗan ƙauye tsakanin Tudun Wada da Doguwa. Kakanninmu al'adar gargajiya suka bi, har yanzu ma akwai danginmu da suke kanta. Habila direban babbar mota ne, yana lodin masara da rake a Kwanar Dangora ya yi kudu da su. Gida ɗaya muke da mahaifiyarsa, Inna Saratu, da 'yarmu Murna. Shi ne auta, kuma da Auta take kiransa.

A bayan ɗakin Inna akwai manyan tukwane a kife, baƙaƙe, kowace za ta ɓoye yaro. Da ina amarya na tambayi abin da ake yi da su, Habila ya ce kaji ke ƙwai a tsakaninsu. Daga baya na ji gaskiyar. Inna ce ta fi kowa iya dafa giya a yankinmu a zamaninta. Ranar kasuwa mutane daga nesa suke zuwa su zauna a ƙofar gidan. Da mijinta ya rasu da kumburin ciki, sai ta karɓi bangaskiya, kuma ranar da aka yi mata baftisma, tana tsaye cikin rafi, ta ce a gaban kowa hannunta ya rabu da giya har abada. Ba ta fasa tukwanen ba, domin na uwarta ne, kuma a wurinmu ba a fasa tukunyar gado. Kife su ta yi.

Daga gidanmu zuwa coci akwai wata siririyar hanya da ta ratsa gonakin dawa. Mutum biyu ba sa jerawa a kanta. Baba Fasto yana yawan kawo ta a wa'azi, ya ce hanyar ceto haka take, matsattsiya, ba a shiga da kaya niƙi-niƙi, ita kuwa hanyar hallaka kwalta ce shimfiɗaɗɗiya, mota ma gudu take a kai. Ni abin da ke damuna da ita daban ne. Na so a ce ran Lahadi mu jera ni da mijina, kafaɗa da kafaɗa, kamar yadda ake yi a littafi. Ba ta ba mu wuri ba. Daga baya ma shi ya daina binta. In ya dawo daga tafiya barci yake ran Lahadi, kuma nakan ji warin abin da ya sha a rigarsa. Inna ma tana ji. Ba ta cewa komai, sai dai ta daɗe a durƙushe.

A makon farko kowa ya ce ciwon shawara ne. Aka dafa ganyen gwanda, aka ce ya riƙa shan rake. Ya sha raken har ya gaji da tauna. Fitsarinsa ya yi ja kamar ruwan shayi, abinci ya daina yi masa daɗi, in ya ji ƙamshin mai sai zuciyarsa ta tashi. Duk da haka ya sake yin tafiya ɗaya. Yaron motarsa ne ya tuƙo su gida.

Daga nan sai masu magani. Kowa ya shigo gaisuwa da ƙullinsa a hannu. Wannan saiwa, wannan sassaƙe, wannan a jiƙa da jar kanwa. Mai kemis na bakin kasuwa ya yi masa allurai, ya ce zazzaɓi ne ya kwanta masa a jini. Kawu Barau, ƙanen Inna, wanda bai taɓa taka coci ba sai ranar aurenmu, ya zo ya tsaya a kansa ya ce, "Yaya, yaron nan jifa ne. A hanya aka yi masa. Ku bar ni in yanka abin da ya kamata." Inna ta ce ba a gidanta ba. Amma saiwoyin da ya kawo mun ba shi. Duk abin da aka kawo mun ba shi, domin in ka ƙi maganin mutum, gaisuwarsa ka ƙi.

Wajen mako na huɗu ƙafafunsa suka kumbura. In na danna da yatsa, gurbin yatsan ya zauna. Sannan ciki ya fara tasowa, shi kuwa yana ramewa ta sama, wuya kamar na zakara. Ya dubi kansa wata rana ya ce, "Rahila, da alama ni zan haifa wa Murna ƙane." Na yi dariya, na fita bayan ɗaki na yi kuka.

Alhajin da Habila ke ja wa mota ne ya ce a daina wasa. Ya aiko ƙaramar motarsa aka kai mu babban asibitin yankinmu. Allah ya saka masa da alheri, bai taɓa tambayar addininmu ba kafin ya taimaka.

Wanda bai taɓa jinya ba bai san layi ba. Layin kati daban, layin ganin likita daban, layin jini daban, kuma in ka kai gaba sai a ce takardar da ka riƙo ba ita ba ce, ka koma. Habila ba ya iya tsayuwa, sai in shimfiɗa masa zanena a gindin darbejiya in je in tsaya masa. Aka ɗebi jini, aka yi hoton ciki. Likitan matashi ne, shi ma idonsa duk gajiya. Ya tambayi Habila ko yana shan giya. Habila ya dubi inda Inna take zaune, ya ce, "Ina sha."

Likita ya ce abu biyu ne suka haɗu. Akwai ƙwayar cutar hanta da ta daɗe a jininsa ba a sani ba, giya kuma ta ƙarasa aikin. Kalmar da ta zauna mini ita ce, "Hantar ta gaji." Haka ya faɗa, kamar yana maganar jakin da ya sha kaya. Ya ce a daina jiƙe-jiƙe duka, domin kowane ƙulli nauyi yake ƙara mata. Ya ce a cire masa gishiri. Ya ce ni da Murna mu yi gwaji. Muka yi, Allah ya tsare mu, aka yi mana rigakafi.

Aka ba mu gado. Aka sa masa allura a gefen ciki aka zuƙe ruwa, ruwa mai launin fitsari, har na daina kallon robar. Ya samu sauƙin numfashi, ya ci tuwo, na ce shi ke nan mun haye. Kafin mako ya zagayo cikin ya sake cika.

A littattafan da na karanta, in miji ya kwanta ciwo, matar takan zauna a gefen gado tana shafa masa goshi da farin ƙyalle, shi kuma ya buɗe ido ya faɗa mata kalmomin da za ta riƙe har ta mutu. Ba a rubuta robar amai a ciki ba. Ba a rubuta ƙaiƙayin da ke sa mutum ya yage fatarsa da farce ba, ko wankin zannuwa a famfon da ruwansa ke zuwa in ya ga dama, ko yadda bayanki zai riƙe saboda ɗaga namiji. Ba a rubuta cewa wata rana za ki ji haushinsa don ya kira ki kina tsaka da cin abinci ba, sannan ki ji kunyar kanki.

Duk da haka na tafi da littattafan. Da rana in zafi ya yi yawa nakan karanta masa. Yana lumshe ido yana saurare, can ya ce, "Tsaya. Shi wannan saurayin aikin me yake yi?"

"Ba a faɗa ba."

"Tun safe yake kuka a ƙofar gidan yarinya. Wa ke ba shi na cefane?"

Matar da ke jinyar mijinta a gadon kusa da mu, Hajiya Binta daga Kiru, ta yi dariya har ta riƙe ciki. Tun daga ranar muka zama 'yan'uwa. In za ta yi salla ni ke duba mata Malam, in na tafi layi ita ke duba mini Habila. Ita ta koya mini sa tsamiya da albasa a miyar da ba gishiri don ta ciwu. Habila ya ɗanɗana ya ce, "Hajiya, an gode, amma wannan miya ba ta da uwa ba ta da uba."

A asibitin nan Baba Fasto ya zo duba shi. Habila ya ce in ba su wuri. Na fita na zauna a baranda, na daɗe. Da na dawo na tarar idonsa ya jiƙe, Baba Fasto yana riƙe da hannunsa. Da ya tafi, Habila ya ce mini, "Na koma gida, Rahila." Na ce ai ba a sallame mu ba. Ya ce, "Ba wannan gidan ba."

Kuɗi kuwa kamar ana zuba ruwa a rairayi. Awakina suka tafi. Keken ɗinkina ya bi su. Matan zumuntar cocinmu suka haɗa abin da suka iya a ƙullin ɗankwali. Alhaji ya aiko buhun masara. Akwatin littattafaina ma na kai wa mai haya, ya jujjuya su ya ba ni abin da bai wuce maganin 'yan kwanaki ba. Masu zuwa dubiya kuma, Allah ya ba su lada, amma wasu da yunwarsu suke zuwa, abincin majinyaci su cinye su yi addu'a su tafi.

A wata na biyu likita ya kira ni gefe. Ya ce abin da suke iya yi a nan sun yi. In muna da hali mu kai shi babban asibiti a Kano, akwai masu sanin hanta, akwai gwaje-gwaje da magungunan da babu a nan. Na ce zai warke? Ya ce ba zai yi mini alkawari ba, amma can ya fi nan. Ya faɗi abin da za mu tanada kafin mu tafi. Na ji adadin, na dubi ƙafafuna. Muka dawo gida da ledar magani.

Damina ta yi nisa lokacin, dawa ta wuce tsayin mutum, rumbu kuwa ya kusa ƙasa. Gonarmu ta gado ce ta gandu, ba mai ikon sayarwa shi kaɗai. Baba Fasto ya ce za a yi baiko na musamman a coci, wato a tara mana gudummawa, amma sai an fara girbi mutane za su samu. Cikin Habila kuwa ba ya jiran girbi.

Kawu Barau ya zo da hantsi ya zauna a kan turmi. Bai yi maganar yanka ba wannan karon.

"Yaya, kina zaune a kan kuɗi kina kuka."

Ya gyara zama ya ci gaba.

"Har yau in aka zauna sha, sunanki ake kira. Na yanzu ruwan wanki suke dafawa. Ki tayar da tukwanen nan, ni zan kawo itace, ni zan kawo masu saye ta bayan gari. Kafin wata ya mutu kin kai yaron nan Kano."

"Barau, na yi alkawari."

"Da wa? Shi wanda kika yi wa alkawarin, ya ga cikin Auta ko bai gani ba?"

Ta ce ya tashi ya bar mata gida. Ya tashi. Amma na ga yadda ta bi bayan ɗakin da kallo.

Kwana kaɗan bayan haka Habila ya yi aman jini. Ba mai yawa ba, amma Inna ce ta riƙe robar. Washegari da safe ta kira ni ɗakinta. Ta ɗauko zanen zumuntarta, wanda suke ɗaurawa iri ɗaya ran Lahadi, ta ninke shi da kyau ta miƙo mini.

"Ki kai wa shugabar mata. Ki ce na ajiye."

"Inna, me ya faru?"

"Ba zan yi wa Allah ɓoye-ɓoye ba. Abin da zan yi, ba a yinsa da wannan zanen a jiki. In dattawa za su sa ni horo, su sa. In za su hana ni Jibin Ubangiji, su hana."

Ban kai zanen ba, na sa shi ƙarƙashin katifata. Ban kuma hana ta ba. Mijina nake so a raye, kuma a ranar da an ce mini in hura mata wuta, da na hura.

Ta kwashe sauran dawar rumbu ta jiƙa. Ta baza ta a ɗakin ajiya ta rufe da jiƙaƙƙun buhuna, tana yayyafa ruwa safe da yamma. Hannunta bai manta komai ba. Dawa ta tsiro fari fat. Ta fito da ita ta shanya a bayan gida. Ita kaɗai ta tayar da tukwanen, ɗaya bayan ɗaya, kaji suna ta kuka, ta wanke su da toka har suka yi sheƙi. Duk wannan ba ta waƙa, ita da ko shara take sai ta rera ta coci.

Habila yana kwance a tabarma a inuwar zaure da rana, ina yi masa fifita, sai iska ta juyo daga bayan gida. Ya buɗe ido. Ya ja numfashi ta hanci.

"Rahila, me aka shanya?"

"Hatsi ne."

"Tsiro ne. A cikin warin nan aka haife ni. Kama ni."

"Likita ya ce ka kwanta."

"Kama ni, ko in ja ciki."

Na sa kafaɗata a hammatarsa. Tafiyar da ba ta fi a ce an zagaya ɗaki ba, sai da muka huta a hanya. Muka tarar da Inna tana gyara duwatsun murhu, Kawu Barau yana sauke itace daga amalanke.

"Wa ya ce ka taso?" in ji Inna. "Ke, mai da shi."

"Inna, wa ya tayar da tukwanen nan?"

"Ni na kife su, ni na tayar."

Kawu ya ce, "Kai Auta, kada ka ɗora mana wa'azi da wannan cikin naka. Jiya-jiya ka shiga tuba, har ka fi uwarka? Kano za a kai ka."

Habila ya zauna a kan damin itace, yana haki. Ya ce, "Kawu, masu sayen nan na fi ka saninsu. Benci ɗaya muka zauna. Kowannensu akwai wata Rahila a gidansa da za ta riƙe masa roba."

Inna ta ce, "Uwayensu su ji da nasu. Ni nawa na sani."

"Kin yi alkawari a cikin ruwa."

"Kai za ka tuna mini? Kana bakin rafi kana wasa da ƙasa na faɗa. Na auna, Auta. Na san inda hanyar nan take kaiwa, ba sai Fasto ya gaya mini ba. In wuta ce, na ji, na yarda. Ni na fara ɗiga maka ita a baki da yatsana kana goye, don ka yi barci in sallami mutane. Ni zan biya."

Ban taɓa jin wannan maganar ba sai ranar. Kawu ma ya tsaya da itace a hannu.

Habila ya ja numfashi. Sannan ya ce, a hankali, domin numfashin ba ya isarsa, "Ba ke za ki biya ba, Inna. Ke kika koya mini an riga an biya. Ni na sha gudu a babbar hanya, ga ƙarshenta nan a jikina, kowa yana gani. Da ƙyar na lallaɓo na dawo, kuma addu'arki ce ta jawo ni. To yanzu in na tafi can, na zauna ina duban ƙofa, wa zan jira?"

Inna ba ta yi kuka ba. Ta dube shi kamar za ta mare shi. Ta ajiye dutsen da ke hannunta, ta zauna a ƙasa daɓas, ta miƙe ƙafafu kamar ƙaramar yarinya. Muka zauna haka, kaji suna tsattsagar tsiron ba wanda ya kore su.

Can ta tashi ta kama tukunyar farko. Na matsa in taya ta, ta ce, "Kar ki taɓa." Ita kaɗai ta kife su duka.

Kawu Barau ya ce, "Kun kashe shi da bakinku." Ya ja amalankensa ya tafi. Itacen dai ya bar mana, da shi muka yi girki har ƙarshen jinyar.

Da na mai da Habila ɗaki na kasa riƙe bakina. Na ce, "Ka yi tunanin Inna, ka yi tunanin matan mutane. Ni da Murna fa? Wa ya yi tunaninmu?"

Ya ce, "Na yi. Ki yafe mini, Rahila. Tun da daɗewa ya kamata in yi."

Na juya masa baya. Na gaji har ba ni da ƙarfin yafewa a ranar. Sai bayan kwana biyu, ina goge masa baya, na ce na yafe.

Tsiron nan bai lalace ba. Inna ta niƙa shi tana sa wa kunu kaɗan-kaɗan, ya yi zaƙi ba sukari. Shi kaɗai cikin Habila ya riƙa karɓa a makonnin ƙarshe, shi da kindirmon da wata Bafulatana mai kawo mana nono take ajiye masa a ƙaramar ƙwarya, ta ƙi karɓar ko sisi. Inna ke ba shi kunun da ludayi. Ba sa magana sosai. Ran Lahadi na ciro zanen zumuntarta na ajiye mata a bakin gado. Ta ɗaura ta tafi.

Da aka fara yankan masara, ikilisiya ta yi baikon da aka alkawarta, Alhaji ya ce motarsa tana nan. Amma lokacin Habila ba ya iya zama, wani lokaci ma ba ya gane mu, sai ya riƙa kiran yaron mota ya ɗaure tamfol. Muka kai shi asibitinmu aka sake zuƙe ruwan, likita ya ce tafiya mai nisa za ta wahalar da shi ne kawai. Muka dawo.

Ya rasu da la'asar, kansa a cinyar Inna, ƙafafunsa a tawa. Bai faɗi wata kalma ta littafi ba. Abin da ya ce na ƙarshe da na gane shi ne a ba Murna sauran kunun.

Ta siririyar hanyar nan aka ɗauke shi zuwa coci. Dawa ta yi kai, ta sunkuyo daga gefe da gefe, masu ɗauka suna ta kare fuska, zangarniya tana shafar akwatin. Ni ina baya, Inna tana bayana. Ko a ranar hanyar ba ta bar ni na jera da shi ba.

Mutane suna tambayata, da an kai shi Kano da wuri, da ya tashi? Ban sani ba. Likita bai yi alkawari ba. Na yi shekara ina juya tambayar, sannan na gaji na ajiye ta. Abin da na sani shi ne wanda zan faɗa wa duk mai karatu: in kin ga ido ya yi rawaya, asibiti tun ranar, kada ki jira ciki ya taso. Ku yi gwajin hanta ko kuna jin lafiya. Kada kunyar masu gaisuwa ta sa ku ɗura wa mara lafiya duk ƙullin da aka kawo. Wanda kuma yake sha, ya je ɗakin masu kumburin ciki ya tsaya ya duba matan da ke zaune a gefen gadajen.

Ina godiya ga Alhaji, da matan zumunta, da ma'aikaciyar jinyar da ba ta taɓa yi mini tsawa ba, da Hajiya Binta da ta hau mota tun daga Kiru ta zo mini ta'aziyya, ta zauna a tsakiyar matan coci ba ta san ko waƙa ɗaya ba.

Shekaru sun wuce yanzu. Murna tana makarantar kwana. Na samu wani keken ina ɗinki, kuma na koma karanta littattafaina, sai dai in an zo wurin ciwo nakan tsallake.

Inna tana nan. Ba ta taɓa cewa Auta ya yi daidai ba. Sau ɗaya matan zumunta suka so ta ba da shaida a taro, ta ce, "Abin da ya roƙa na ba shi. Bai ce in yi murna ba." Tukwanen suna kife inda suke, kaji sun koma. Idonta ya yi rauni, gwiwoyinta sun ƙi, tafiyar da yaro zai yi a guje takan cinye mata rabin safiya. Ran Lahadi tun kafin a kaɗa ƙararrawa take ɗaura zanenta ta kama hanya, tana laluben karan dawa da hannu ɗaya, sanda a ɗaya.

Lahadin da ta wuce an yi ruwa, hanyar duk santsi. Na ce, "Inna, ki zauna yau. Allah ya san ƙafarki."

Ta ɗauki sandarta ta ce, "Matsa mini, 'yar nan. Ana jirana."